Malam Smith na Jamaika da Littattafansa a Kan Ƙasar Hausa

Ya ku 'yan makaranta, akwai wani malami da ya kamata ku san sunansa, watau M. G. Smith. An haife shi a Kingston ta tsibirin Jamaika a 1921, ya rasu a 1993. Aikinsa binciken zaman mutane da al'adunsu. Ya yi bincike a Lardin Zariya a 1949 da 1950, sa'an nan ya koma tsibiran Karibiyan, inda jikokin bayin da aka kwasa daga Afirka suke zaune tare da Turawa da Indiyawa.

A littafinsa na 1965, The Plural Society in the British West Indies, ya ce mutanen tsibiran nan zaman 'yan marina suke yi: kowane jinsi da irin aurensa, da addininsa, da tarbiyyarsa, ba abin da ya ɗaure su wuri guda sai ƙarfin masu mulki. Wannan ra'ayi ya samo tushensa daga wani Bature, Furnivall, wanda ya yi aiki a Bama.

Mu dai a ganinmu, ido guda ne ya duba can da nan. A Government in Zazzau, na 1960, ya gwada mulkin Haɓe da suka koma Abuja, wadda yau ake kira Suleja, da mulkin Fulani a Zariya. Ya bi sarautu ɗaya bayan ɗaya, ya nuna yadda Mallawa da Barebari da Katsinawa da Sulluɓawa suka yi ta karɓar gadon sarauta. A nan kam sai yabo, gama ya tsare mana abin da da ya tafi kabari tare da tsofaffi.

Amma fa wanda ya zauna a fada, fada zai gani. In ka raba jama'a gida biyu, Fulani a sama, Haɓe a ƙasa, ina za ka sa Yakubun Bauchi, wanda ba Bafulatani ba ne, ga shi kuwa ya karɓi tutar Shehu? Dokta Yusufu Bala Usman, a littafinsa na tarihin Katsina na 1981, ya nuna wannan kaso bai isa ya bayyana jihadi ba. Can Jamaika ma Kamau Brathwaite ya nuna a 1971 cewa cuɗanyar baƙi da farare ta haifi sabuwar al'ada.

Ku dubi Tofa. Gona na jingine da gona, ba saura. Makiyayi ya kwana da shanunsa a gonar manomi bayan kaka, ya bar masa taki, ya sami kara. Sahu ɗaya a masallaci, harshe ɗaya a kasuwa, ga auratayya ga wasan barkwanci. Wane dogari ne ya tilasta wannan?

Abin mamaki, maganin yana cikin gidansa. Maiɗakinsa Mary ta rubuta labarin Baba ta Karo daga bakinta, ya fito a 1954, kuma a ciki ne za ku ga ƙawance da biki da zumunci, abubuwan da ke ɗinke jama'a.

Saboda haka ku karanta su biyun tare. In an tambaye ku ku su wane ne, kada ku ɗauko amsa daga littafi guda, ku tambayi kakanninku tun suna da rai. Allah ya sa mu dace, amin.