Yadda Lyra ke karanta agogon gaskiya

A duniyar da Philip Pullman, marubuci ɗan Ingila, ya ƙago cikin littafinsa Northern Lights na 1995, akwai wata na'ura mai suna alethiometer, wadda ba ta wuce cikin tafin hannu ba. Guda 6 kacal aka taɓa ƙerawa. Shugaban Kwalejin Jordan ta Oxford, wato Oxford ɗin cikin labarin, ya damƙa ɗaya a hannun wata yarinya mai suna Lyra Belacqua, ya ce mata tana faɗin gaskiya, amma koyon karanta ta sai ita da kanta.

A zagayen fuskarta hotuna 36 ne ƙanana: maciji, amya, anga, rana, giwa da sauransu. Tana da gajerun hannaye uku da mai tambaya ke murɗawa ya saita a kan hotunan da ya zaɓa, sai doguwar allura siririya da ke yawo ita kaɗai. Hannaye uku su ne tambaya, allura ce ke ba da amsa. Wanda ya taɓa zama gaban mai bugun ƙasa da gidajensa 16 zai ji abin bai yi masa baƙo ba.

Wahalar tana cikin hotunan. Kowane hoto ma'anoninsa hawa-hawa ne. Anga, wato ƙarfen da ake jefawa a ruwa don tsayar da jirgi, da farko yana nufin sa rai, a hawa na biyu tsayin daka, na uku cikas, na huɗu teku, haka har ƙasa. Dole mai tambaya ya riƙe ma'anoni uku a ransa lokaci guda, kowace a hawan da ya dace, sannan ya saki zuciyarsa ba tare da ya saki tambayar ba. In ya ƙosa ya ji amsa, allura ta yi ta lilo a banza. In ya shagala, haka ma. Lyra ta kwatanta abin da sauka tsani cikin dare, ƙafa na lalubar matakin da ido bai gani ba.

Ga misalin da ya fi burge ni. Lyra tana cikin jirgin ruwa tare da dattijo Farder Coram, aka so a san halin da ɗan leƙen asirinsu Benjamin de Ruyter yake ciki. Ta saita maciji don wayo, tukunyar narka ƙarfe don ilimi, amya don aiki tuƙuru. Dubi yadda ta gina mutum guda daga hotuna uku da babu wanda ya ce "ɗan leƙen asiri". Allura ta tsaya a kan agogon rairayi mai ƙoƙon kai a samansa. Ma'anarsa ta farko lokaci, ta biyu mutuwa. Ba a jima ba wani abokin tafiyarsa ya dawo da mummunan rauni, ya tabbatar Benjamin ya rasu.

Abin da ke motsa allurar, kamar yadda aka gane daga baya, shi ne Ƙura, wasu ƙwayoyi masu hankali da ke taruwa a duk inda ake tunani. A littafi na biyu, The Subtle Knife na 1997, masaniyar kimiyya Mary Malone ta yi magana da su ta kwamfuta, kuma ita ma sai da ta sa ranta a wancan yanayin na jira ba zumuɗi. Ke nan na'urar taswira ce ta hankali, hotunan nan su ne alamomin hanya, mai karatu kuwa cikin kansa yake tafiya.

Manya ma suna karantawa, amma da littattafan ma'anoni a gefe. Fra Pavel, mai karanta wa hukumar addini ta Magisterium, yakan daɗe yana fama da abin da Lyra ke gani nan take. A nan ne Pullman ya yi abin da marubuta kaɗan ke da ƙarfin halin yi. A ƙarshen littafi na uku, The Amber Spyglass na 2000, da Lyra ta fara girma, baiwar ta gushe. Ta ɗauko na'urar, allura na yawo, ba ta gane komai. Xaphania, ɗaya daga mala'ikun labarin, ta shaida mata cewa da kyauta ta samu, yanzu sai da aiki na tsawon rayuwa, kuma karatun da za ta samu ta wannan hanya zai fi na da zurfi. Lyra ta koma Oxford, Dame Hannah Relf, wadda ta ƙware a fannin, ta yi mata tayin gurbi a makarantar kwana ta 'yan mata, inda za ta fara daga tushe da littattafan da a da ba ta buƙace su ba.