Ido da Harshe a Finafinan Jean Rouch

1.0 Gabatarwa

Wannan maƙala za ta yi tsokaci a kan ayyukan Jean Rouch (1917-2004), Bafaranshe mai shirya finafinan zahiri, wato waɗanda ake ɗaukar rayuwar jama'a yadda take, ba wasan kwaikwayo ba. Manufa ita ce a auna matsayin harsunan Afirka a cikin ayyukansa, domin fim ba hoto ba ne kawai, har da magana.

2.0 Taƙaitaccen Tarihinsa

Rouch ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanya. A 1946 zuwa 1947 ya bi kogin Kwara cikin kwalekwale, inda ya fara ɗaukar hoto da kyamara riƙe a hannu. Ya shirya finafinai fiye da 100, akasarinsu a tsakanin Zabarmawa da Sorkawa da Dogon na Mali. Ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004.

3.0 Matsalar Harshe

Kyamarar da ya fara aiki da ita ba ta ɗaukar sauti tare da hoto. Saboda haka sai an gama ɗauka a ɗora sharhi daga baya, kuma da Faransanci ake ɗora shi. A fim ɗin Les Maîtres fous (1955), wanda ya ɗauka a yankin Akra a tsakanin 'yan ci-rani daga Nijar masu hawan iskokin Hauka, mai kallo yana ganin bakin mutane na motsi, amma muryar Rouch ce ke faɗa masa ma'anar abin da yake gani. Wato an ba su fuska, an hana su baki. Wannan na cikin dalilan da suka sa Sembène Ousmane ya zarge shi a 1965 da kallon 'yan Afirka kamar ƙwari.

Sai dai adalci shi ne a ce Rouch ya lura da wannan giɓi. Da ya nuna wa Sorkawan Ayoru fim ɗin farautar dorina a 1954, sun soki kiɗan da ya sanya, suna cewa hayaniya tana korar dorina. Ya karɓi gyaran, ya cire kiɗan. Bugu da ƙari, a Moi, un Noir (1958) ya bar Umaru Ganda, ɗan dako a Abijan, ya yi sharhin rayuwarsa da bakinsa. Haka Damure Zika da Lam Ibrahim suka yi a Jaguar (1967). Wannan ci gaba ne, amma ragagge: murya ta koma ga masu ita, harshe kuwa bai koma ba, don har yanzu Faransanci ne. Habaici da kirari da karin magana, waɗanda su ne gishirin zancen mutanen nan, ba su tsallake fassara ba.

4.0 Rouch a Matsayin Malami

A ra'ayin wannan maƙala, koyarwarsa ce ta cike abin da finafinansa suka kasa. Ganda, wanda ya fara a gaban kyamararsa, ya koma bayanta ya shirya Cabascabo da Zabarmanci, sannan fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya ci babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1972. Mustafa Alhasan ma ya samu horo a hannunsa, kuma da ƙarfafawar Rouch aka kafa cibiyar koyarwa ta Ateliers Varan a Faris a 1981.

5.0 Kammalawa

Darasi ga manazarta harshe a fili yake. Duk wanda ya naɗi bori ko tashe ko bikin kamun kifi, sannan ya rufe muryoyin masu abin da sharhin Ingilishi, ya adana hoto ne, ya zubar da hujjar nazari. Fassara a rubuce a ƙasan hoto ta fi, domin tana barin zance yadda aka furta shi ga wanda zai zo nazari a gaba.