Bishiya a Matsayin Ma'aunin Lokaci: Tarken Fim ɗin "Laputa"

A shekarar 1986 Hayao Miyazaki na ƙasar Japan ya fitar da fim ɗin zane mai suna "Laputa". Ya aro sunan daga tsibiri mai shawagi na littafin Jonathan Swift na 1726, sai dai ya mai da shi lambu.

Babban jigon fim ɗin shi ne rinjayen lokaci a kan ƙarfin mulki. An ce mazauna tsibirin sun ƙaurace masa shekara 700, amma bishiya ce ke tabbatar wa mai kallo da haka. Rassanta sun rufe ginin, saiwoyinta sun kutsa har ɗakin dutsen sihirin da ke riƙe da tsibirin a sama. Mutum-mutumin ƙarfe ɗaya yana ta kai furanni kabari, sauran kuwa gansakuka ta lulluɓe su.

Da taurarin, Sheeta da Pazu, suka furta kalmar rushewa, sashen makamai ya zube cikin teku, saiwoyin suka riƙe dutsen, lambun ya ƙara lulawa sama. Wato abin da ya tsiro a hankali shi ya ɗore.

Raunin fim ɗin shi ne Muska, wanda aka zana mugu tsantsa, har sakamakon karawar ya bayyana tun da wuri. Duk da haka, ɗalibin adabi zai koyi yadda ake nuna shuɗewar zamani da siffantawa, ba sai an ƙidaya shekaru ba.