Zalika Souley da ladan fitowa a muguwa

In dare ya yi a Buza, ka leƙa tsakar gida ka ga mata sun kewaye waya guda suna kallon Labarina ko Daɗin Kowa. Da muguwar kishiya ta bayyana sai ka ji wata ta ja tsaki: “Wannan matar ba ta da imani, ko a ido ka gani!” Da ƴar wasan take, har sunanta na gaskiya take kamawa. Wannan ɗabi'a ta masu kallo ta girmi Kannywood nesa ba kusa ba, kuma a nan Nijar an daɗe da ɗanɗana ta.

Zalika Souley, haifaffiyar Yamai a 1947, ba ta cika shekara ashirin ba lokacin da Moustapha Alassane, wanda daga baya ya yi zamansa a Tawa, ya sa ta a Le Retour d'un aventurier a 1966, ta sa wando da hular kaboyi ta hau doki. Sai Oumarou Ganda ya ɗauke ta a Cabascabo, wanda aka nuna a Cannes a 1969, da Le Wazzou polygame, inda ta fito a matar Alhaji da kishi ya rufe wa ido. Fim ɗin nan ne ya fara cin babbar kyautar bikin fina-finai na FESPACO a Wagadugu a 1972.

Kyauta ta tafi ga darakta, zagi ya biyo Zalika har gida. Masu shirya fim sun ga ta iya fitowa a fitinanniya, sai suka yi ta ba ta irin wannan rawar, mutanen gari kuma suka ɗauka halinta ke nan. A ganina a nan ne gwanintarta ta cuce ta: da ba ta iya wasan ba, da ba wanda ya yarda da shi har ya tsane ta. Namijin da ya fito a ɗan fashi kuwa, wa ya taɓa hana shi aure?

Da silimar Nijar ta durƙushe, sai aka manta da ita. Fim ɗin Rahmatou Keïta na 2004, Al'lèèssi, ya nuna ta a ɗaki biyu da ƴaƴanta, ba wuta ba famfo. Daga baya ta tafi ƙasar waje aikatau.

Kano ma ba ta sauya zane ba. A 2016 ƙungiyar masu shirya fim ta MOPPAN ta kori Rahama Sadau daga Kannywood saboda bidiyon waƙa da ta fito a ciki tare da mawaƙi ClassiQ, ita kaɗai ta sha hukuncin. Bambancin kawai, Rahama ta samu wasu ƙofofi a Legas, ga miliyoyin mabiya a Instagram. Zalika ba ta da ko ɗaya. Ta rasu a watan Yulin 2021, tana da shekara 73.