Ajamin Elfawa: Abin da Tolkien Ya Ajiye a Ƙarshen Littafi

Duk wanda ya ce mini ya gama da The Lord of the Rings don ya kalli fina-finan nan uku da Peter Jackson ya fitar daga 2001 zuwa 2003, sai in ce masa sannu da ƙoƙari, amma romo ya sha, naman na ƙasan tukunya. Yana can ƙarshen juzu'i na uku na littafin, bayan zobe ya narke a wuta, an naɗa sarki, kowa ya kama hanyar gida. A nan J.R.R. Tolkien ya jera rataye har shida. Biyun ƙarshe ba doki a cikinsu, ba takobi, ba kururuwar yaƙi. Bayani ne zalla a kan haruffa da harsunan al'ummomin da ba su taɓa taka doron ƙasa ba. Wallahi waɗannan shafukan sun fi hana ni barci a kan duk yaƙe-yaƙen littafin a haɗe.

Mutumin nan fa abin mamaki ne. An haife shi a Afirka ta Kudu a 1892, ya girma a Ingila, ya shiga ramukan Yaƙin Duniya na Ɗaya, ya fito ya yi aiki a babban ƙamus na Oxford, daga baya ya zama farfesan tsohon Ingilishi a jami'ar garin. Tun wajen 1915, yana saurayi, ya fara ƙera harshen da ya zama Quenya, saboda daɗin harshen mutanen Finlan da ya shiga kunnensa ya ƙi fita. Sai ya ƙara da Sindarin, wanda ya ɗora a kan amon harshen Wales. Littafin kuwa bai fito ba sai 1954 da 1955. Shi da kansa ya bayyana cewa harsunan ne suka riga, labarin ya zo daga baya don su sami bakin da zai furta su. Kai jama'a! Kowa na neman suna ya raɗa wa jaruminsa, shi kuwa yana neman jarumin da zai dace da nahawunsa.

Amma abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne Tengwar, rubutun Elfawa, mutanen nan na labarin da ba su tsufa, masu magana da Quenya da Sindarin. Ra'ayina, kuma ba na janye shi, shi ne yaron da ya zauna gaban malam a zaure a nan Tamawa ya fi ɗan Landan saurin gane wannan rubutu. Ɗan Landan ya saba wasali ya tsaya a layi kafaɗa da kafaɗa da baƙi. Mu kuwa mun tashi muna babbaƙu tukuna, ba guje, mim jaye, nun ara, ha kuri, sa'an nan a kai mu farfaru a ɗora wa kowane baƙi wasalinsa a bisa ko a ƙasa. To haka Tengwar yake. Baƙaƙe ne ke kan layi, wasula kuwa 'yan alamomi ne da ake ɗorawa a kansu: ɗigo uku shi ne "a", ɗigo ɗaya "i", ɗan karkataccen zane "e", lanƙwasa biyu masu kallon gefe daban-daban su ne "o" da "u". Har ma Tolkien ya ce marubutan Quenya kan bar alamar "a" ba su sa ba saboda yawanta, mai karatu ya cike da kansa. Wanda ya taɓa fama da littafin Larabci marar wasali a makarantar ilmi ya san wannan wahalar, ya kuma san daɗinta ranar da ido ya buɗe. Bambancin da zai ɗan rikita almajiri shi ne daga hagu ake farawa.

Ga inda hankalina ya tashi. Manyan baƙaƙen guda 24 ne, an shirya su gida huɗu, kowane gida hawa shida, kuma dukkansu daga abu biyu aka gina su: sanda da baka. Ja sanda ƙasa, ka manna mata baka ɗaya a dama, ka sami "t". Ƙara baka na biyu, ya zama "d". Rage sandar ta gajarce ka bar baka biyun, ga "n" ta fito. Duk ukun harshe ne ke taɓa bayan haƙora, don haka gidansu ɗaya, kamanninsu ɗaya. Yanzu ja ɗan layi ka rufe bakan ta ƙasa, sai ka koma gidan leɓɓa: "p", "b", "m", in ka ɗaga sandar sama kuma "f". Wato siffar harafin ita ke gaya maka inda za ka sa bakinka. Malamin tajwidi da ya sha koyar da mafitar haruffa zai kalli jadawalin nan ya yi murmushi, domin Khalil ɗan Ahmad na Basra ma a kan mafita ya jera ƙamusunsa, ya fara da maƙogwaro, fiye da shekara dubu kafin a haifi Tolkien. Na gwada rubuta shi da alƙalamin kara da tawada, a takarda dai, allo yana da abin da aka tanade shi dominsa. Yadda bakin alƙalamin ke kumbura a cikin baka ya sirance a wutsiyar sanda, sai ka rantse don karanmu aka zana shi. Biro ba ta fitar da kyansa ko kaɗan.

Harsunan su ma ba tarin kalmomi ba ne da aka watsa don ado. Quenya da Sindarin uwa ɗaya ya ba su, sa'an nan ya raba masu magana da su, ya bar kowane ya sauya bisa ƙa'ida ta tsawon dubban shekaru na cikin labari. Inda Quenya ta riƙe tsohon sautin "kw", Sindarin ta mai da shi "p", kuma ba a kalma ɗaya ba, ko'ina. Bakatsine ba ya bukatar a yi masa dogon sharhi a nan. Mu ne muke cewa zamna da sabka da abduga, Bakano ya ce zauna da sauka da auduga, ya kuma yi mana dariya alhali namu ne tsohon. Irin wannan dokar ce, wadda ba wanda ya kafa ta amma kowa ke bi, mutum ɗaya ya zauna a ɗakinsa ya ƙirƙiro wa harsuna biyu, har da kalmomin da suka bijire mata kamar yadda ake samu a harshen gaske.

Akwai wadda ta fi wannan daɗi. A Sindarin baƙin farkon kalma yana juyawa gwargwadon abin da ya gabace shi. Sunan da ake kiran ɗan Hobit da shi, wato ɗaya daga cikin gajerun mutanen labarin, yana farawa da "p", amma in aka yi maganar al'ummarsu duka da ɗan harafin nuni a gaba, sai "p" ɗin ta koma "f". Daga Wales Tolkien ya ɗauko wannan. Ni kuwa da na gani sai na tuna maƙwabtanmu da ke kawo nono kasuwar Dutsin-Ma: mutum ɗaya Pullo, jama'a Fulɓe. Dalilin juyawar ba ɗaya ba ne a harsunan biyu, amma kunne ya riga ya saba da abin. Turawa masu karatu na kuka da wannan babin, mu a bakin rugga muka fara jin sa.

Wadannin labarin kuma, maƙeran nan masu haƙar duwatsu, harshensu a kan saiwa mai baƙi uku aka gina shi irin na Larabci da Ibrananci. Suna kiran kansu Khazad, harshensu Khuzdul, ka ga baƙaƙen nan uku na tsaye wasula na yawo a tsakaninsu. Ɓoye shi suke yi, ko a kan kabari ba su rubuta sunan mutum na ainihi. Rubutun da suka fi so, Cirth, duk miƙaƙƙun layuka ne, don da kurfi ake sassaƙa shi a dutse, ba a jan baka a jikin fa. Har kayan aikin marubuci sai da ya yi tunaninsa! Waɗanda suka biyo baya wajen ƙera harsuna sun yi ƙoƙari, Marc Okrand da Klingon, Paul Frommer da harshen Na'vi na fim ɗin Avatar a 2009, David Peterson da Dothraki. Amma su haya aka ɗauke su bayan labari ya tsaya da ƙafarsa, kuma ana jin hakan.

Yanzu bari in juyo gida, don abin na ɗan ci mini rai. Ƙasar Katsina ba baƙuwa ba ce a labarin aljanu da ƙasashen da ba su a taswira. Abubakar Imam yana koyarwa a Midil ta Katsina ya rubuta Ruwan Bagaja don gasar 1933, wansa Bello Kagara ya shiga gasar da Ganɗoki, Ahmadu Ingawa ya ba mu Iliya Ɗan Maiƙarfi. Imam ma ya san harafi abin wasa ne. Ku tuna a Ruwan Bagaja inda Alhaji ya shata wata lanƙwasa a ƙasa ya ce Malam Zurƙe ya faɗi ko mece ce, Zurƙe ya yi ta jero sunayen baƙaƙe, Alhaji ya ce tsayuwar wata ce, jama'ar gari da ba su yi karatu ba suka ba shi gaskiya. Wannan wurin ban taɓa karanta shi ban yi dariya ba. Ga Gizo da tsamin bakinsa a tatsuniya, ga zaurance da 'yan mata ke juya magana da shi a gaban iyaye ba a gane ba. Kayan haɗi duk muna da su. Amma a littattafan yaƙi da muke saye a kasuwa, jarumi zai keta tekuna bakwai ya isa birnin aljanu, sarkinsu ya buɗe baki ya yi masa Hausar Kano tsaf. A ba shi ko gaisuwa ce ta kansa mana!

Kada kuma wani ya ce ƙirƙirar haruffa sai Bature. Sarki Njoya na Fumban a Kamaru, garin da fataken Hausawa suka daɗe da sani, ya fara rubutun Bamum wajen 1896 da ɗaruruwan alamomi, ya yi ta tacewa har suka dawo kimanin 80, ya kuma haɗa wani harshe na musamman don fadarsa. Solomana Kante ya fito da rubutun N'Ko a 1949. A 1989 wasu yara biyu 'yan gida ɗaya a Gini, Ibrahima da Abdoulaye Barry, suka zana wa Fulfulde haruffan Adlam, yau ga su a wayoyin hannu. Waɗannan ma sun fi Tolkien ta wani gefen, tunda mutane masu rai ke aika wa juna saƙo da nasu.

Ni dai a yanzu aikin da na sa kaina shi ne zaunar da Hausa a Tengwar. Tsarin Quenya ya fi dacewa da mu, domin a can ana ɗora wasali a kan baƙin da ya gabace shi, kalmominmu kuwa kusan duk da wasali suke ƙarewa. Matsalar ita ce ɓ da ɗ da ƙ, waɗanda boko ma sai da aka yi musu ƙugiya kafin su zauna. Sai ga shi Tolkien ya bar wani hawa da ba a cika amfani da shi ba, inda sanda ke miƙewa sama da ƙasa gaba ɗaya. Na sa ɓ a gidan leɓɓa, ɗ a gidan haƙora, ƙ a gidan ganɗa, kowanne ya shige kamar an auna. Wani abokina ɗalibi a Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma ya ce "ts" gidan "s" ya kamata ta bi, ni na ce gidan "t", kuma har yanzu ba mu shirya ba.