Tsokaci a Kan Littattafai Biyu na Koyar da Addinin Sikh

Wannan nazari ya auna littattafai biyu bisa buƙatun aji. Na W. H. McLeod, Guru Nanak and the Sikh Religion (1968), ya yi watsi da ra'ayin cewa addinin gamin gambiza ne na Musulunci da Hindu. Sai dai tankaɗe da rairayar da ya yi wa hikayoyin Guru Nanak sun ɓata wa mabiya da dama rai, kuma ya yi wa ɗalibi nauyi. Na Eleanor Nesbitt (2005) ya fi sauƙin fahimta, amma taƙaitacce ne. Don haka ana shawartar masu tsara manhaja su fara da shi, sannan su gina darasin zaman tare a kan baitocin Shaihu Farid, sufi Musulmi, waɗanda Guru Arjan ya shigar cikin littafinsu mai tsarki a 1604.