Sharhin Adabi: 'Yan Fashin Teku da Taswirar Ƙasar da Babu Ita

Daga nan Katsina ta Dikko ɗakin kara muke gabatar muku da filin sharhin adabi da fina-finai. Yau za mu duba wani nau'in labari da ya shiga ran matasanmu, wato labarin 'yan fashin teku da masu zana taswirar ƙasashen da babu su a doron ƙasa.

Mu da ba mu da teku, sai ga shi muna gardama a majalisa a kan Jack Sparrow da jirginsa Black Pearl, na fim ɗin Pirates of the Caribbean da ya fara fitowa a 2003. Yara kuma sun san One Piece, wanda Eiichiro Oda na Japan ya fara zanawa a 1997. A ciki akwai Nami, ɓarauniya ce kuma gwanar zana taswira, burinta ta zana ta duniya baki ɗaya. In ka lura, ba takobi ke riƙe da waɗannan labarai ba, sanin hanya ne. Wanda taswira ke hannunsa shi ne mai jirgi, ko da wani ne ke riƙe da sitiyari. Tun littafin Treasure Island na Robert Louis Stevenson, na 1883, haka abin yake. Marubucin sai da ya zana tsibirin tukuna, sannan labarin ya biyo baya.

Ƙaryar taswira kuwa ba a tatsuniya ta tsaya ba, mu ma an yi mana. A 1798 wani Bature masanin ƙasa, James Rennell, ya zana wasu dogayen duwatsu da suka ratsa Afirka ta Yamma, aka kira su Duwatsun Kong. Kusan shekara 90 masu zane suna kwafar juna, har sai da wani Bafaranshe mai suna Binger ya taka ƙasar da ƙafarsa tsakanin 1887 da 1889, ya tarar babu su.

To, ina namu adabin a nan? Katsina tana da bakin magana. A gasar rubutun 1933 da Rupert East ya shirya daga Zariya, biyu daga cikin littattafai biyar da suka yi fice daga malaman da ke koyarwa a Katsina suka fito, kuma wa da ƙane ne: Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na Malam Bello Kagara. Dukansu labarin tafiya ne zuwa inda ɗan Adam bai saba takawa ba. Jarumin Ruwan Bagaja, Alhaji Imam, ya bar gida neman ruwan magani, yana karo da Malam Zurƙe gari bayan gari, har ya dangana da ƙasar aljannu. Ganɗoki kuwa daga yaƙin gaske da Turawa ya tashi, ya yi gabas, ya faɗa duniyar aljannu da sarakunansu.

Sai dai a nan akwai bambanci. Ƙarfin Ruwan Bagaja yana cikin wayo da barkwanci da zaƙin harshe. Da za ka ba mai karatu takarda ka ce ya zana hanyar da Alhaji Imam ya bi, da wuya ya iya. Wannan ba aibi ba ne ga Imam, domin daga tatsuniya da hikayoyin Larabawa ya ɗebo, inda gari suna ne kawai, abin da ya faru a cikinsa shi ne abin ji. Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, na wannan gasar dai, shi ne ya sa mai karatu ya ji nauyin hanya: ayari, hamada, guguwar da ke binne mutane da raƙuma.

Inda gizo ke saƙar shi ne littattafan yaƙi da na almara na yau. Da yawansu sun gaji aljannu da takubban tsafi, sun ƙara da jiragen ruwa na aro daga fim, amma ƙasar labarin ba ta da doka. Tafiyar da aka ce ta wata uku ce a babi na biyu, sai a yi ta da yammaci guda a babi na tara, ba tare da tsafi ko dalili ba. Mai karatu yana yarda da aljani mai kai bakwai, amma ba ya yafe wa marubucin da ya manta ina ne gabas.

Alhali kayan aikin suna ƙofar gida. Ayarin da ke fita daga Katsina zuwa Agadas da Ghat har Tarabulus, da fataken goro masu zuwa Gwanja, duk sun rayu ne a kan ilimin hanya. Akwai madugu, akwai jagaba mai riƙe da rijiyoyi da zango a kansa, akwai 'yan fashi da ke jira a maƙura. Ku ɗauki jagaban da aka saya, ya karkatar da ayari da gangan zuwa rijiyar da ta ƙafe. Wane ɗan fashin teku ne ya fi wannan ban tsoro? Kuma Bahaushe zai gane shi nan take, don kakanninsa sun yi wannan fargaba.

Saboda haka, marubutanmu da masu shirya fim, kafin ku rubuta shafin farko ku zana ƙasarku. Ku san ina kogi yake, kwana nawa ne tsakanin birni da birni, wa ke karɓar fito, wa ya san hanyar ɓoye. In ma jirgin ruwa kuke so, ku sa shi, amma ku san inda ya taso da inda zai tsaya.

Masu sauraro, nan za mu dasa aya. Wanda bai karanta Ganɗoki da Ruwan Bagaja ba ya neme su, wanda ya karanta ya sake bi da wannan ido.